Tarihin Haɗa Wayar Hannu da Kwamfuta a Hunkuyi da Kewayenta

Idan ana maganar kayan tarihi a ƙasar Zazzau, abin da kan fara faɗo wa ɗalibi a rai shi ne ganuwa da kufai, da takardun ajami da ke cikin gafakar malamai, da kuma fayilolin Turawan mulki da ke jibge a gidan adana takardun tarihi na ƙasa a Kaduna. Ba safai akan tuna da wani abu da ke kwance a ƙasan adakar magidanta da yawa ba, watau tsohuwar wayar hannu wadda aka daina aiki da ita, batirinta ya kumbura, lambobin jikinta sun goge. Alhali kuwa a cikinta akwai sunayen abokan cinikin mutum na shekara goma, da saƙonnin bashi da na biki da na ta'aziyya, wani lokaci har da hoto ko muryar wanda ya riga mu gidan gaskiya. Wannan maƙala za ta bi tarihin hanyar da aka riƙa bi ana kwashe waɗannan abubuwa daga waya zuwa kwamfuta a yankin Hunkuyi da Kudan da Maƙarfi da Ikara, da irin wahalar da masu aikin suka sha, da kuma dalilin da ya sa hanyar take neman toshewa a yau.

Hunkuyi ita ce hedikwatar ƙaramar hukumar Kudan, wadda aka yanko daga Maƙarfi a 1996, kuma Zariya ce babban birnin da mutanen wurin suke dogara da shi wajen sayayya da gyare-gyare. Yanki ne na manoman rake da tumatir da tattasai da barkono da masara, ga kuma masu dafa mazarƙwaila. Duk wanda ya san tumatir ya san ba ya jira. Idan aka tsinke shi yau aka zuba a kwando, to, kafin kwana uku ko huɗu sai dai a sayar ko a yi hasara. Saboda haka babu abin da manomi da ɗan kasuwar wannan yanki suke bukata kamar labari da sauri: nawa ake sayar da kwando a kasuwar Mile 12 ta Ikko, mota nawa ta sauke jiya, wane dillali ne zai karɓi kaya. Kafin zuwan wayar hannu, direban babbar mota shi ne wasiƙa, shi ne jarida. Abin da ya zo da shi a baki, shi ne farashi. Wanda yake da larura ta gaggawa kuwa sai ya hau mota zuwa Zariya ya nemi wayar tangaraho ta NITEL, in ya yi sa'a layin yana aiki.

Zuwan waya

A watan Janairu na 2001 Hukumar Sadarwa ta Ƙasa, a ƙarƙashin Injiniya Ernest Ndukwe, ta yi gwanjon lasisin wayar salula, kowane lasisi a kan dala miliyan 285. A watan Agusta na shekarar kamfanonin Econet da MTN suka fara aiki. A lokacin layukan wayar da ke aiki a Nijeriya baki ɗaya ba su kai rabin miliyan ba. Farkon abin na masu hali ne, domin layi kaɗai yakan kai naira dubu ashirin ko fiye, kuma minti ɗaya naira 50 ne, ko da sallama kawai ka yi aka katse. Sai da Globacom ta shigo a 2003 da lissafin daƙiƙa-daƙiƙa sa'an nan farashi ya fara karyewa, sabis kuma ya riƙa fita daga manyan birane yana bin manyan hanyoyi yana shiga ƙauyuka. Mutane da yawa a karkara sun fara sanin waya ne a ƙarƙashin laimar masu buga waya a biya, kafin su mallaki tasu.

Wayar da ta cika hannun jama'a a wannan zamani ita ce Nokia, ta ƙasar Finlan. Akwai 3310 ta shekarar 2000, wadda ake cewa ko ta faɗo daga kan amalanke sai dai a harhaɗa ta a ci gaba da magana. Akwai 1100 ta 2003 mai tocila a ka, wadda ita da 'yan'uwanta suka samu laƙabin nan na barkwanci, watau rakani-kashi, mai karatu ya gafarce ni. Daga baya masu kyamara da katin memori suka zo: 6600 a 2003, N70 a 2005, N73 a 2006, sa'an nan N95 da 6300 a 2007.

To, a nan ne matsalar ta faro. Da mutum ya yi shekara biyu ko uku da waya, sai lambobin da ke ciki su fi wayar kanta daraja. Layi ba ya ɗaukar fiye da suna 250, wasu ma ba su kai haka ba, kuma kowane suna lamba ɗaya tak yake ɗauka, ga shi yana guntule dogon suna. Wanda aka rubuta shi da sunansa da sana'arsa da garinsa, da an juye shi kan layi sai a ga rabin sunan ya ɓace, a rasa wane Alhaji ne a cikin Alhazai goma sha biyu. Su kuwa 'yan kasuwa layi biyu ko uku suke riƙewa, saboda kiran wani kamfani daga wani kamfani ya fi tsada, kuma ba ko'ina kowane sabis yake kaiwa ba. Lambar da ta fara da 0803 ta MTN ce, 0802 ta Econet, 0805 ta Glo. Shi kamfanin Econet ma sai da ya sāke suna sau da dama: Vmobile a 2004, Celtel a 2006, Zain a 2008, Airtel a 2010. Masu hankali sun riƙa ajiye ɗan littafi a aljihu suna kwafe lambobi da biro, kuma ni a ganina wannan dabara ba ta taɓa cin amanar kowa ba sai dai in an wanke riga da shi. Amma littafi ba ya ɗaukar hoto, ba ya ɗaukar murya, kuma kwafe suna ɗari biyar da hannu aiki ne na wanda ba shi da gona.

Manhajar da aka yi wa wasu

Tunanin daidaita abin da ke cikin na'urar aljihu da abin da ke cikin kwamfuta ya girmi zuwan salula Nijeriya. Tun 1996 kamfanin Palm na Amurka yake sayar da 'yar na'urar ajiye lambobi da jadawali wadda ake ɗorawa a kan wani ɗan mazauni a danna maɓalli guda ta daidaita da kwamfuta. A 2000 wasu manyan kamfanoni, ciki har da Nokia da Ericsson da Motorola da IBM, suka haɗu a kan wata ƙa'ida ta bai ɗaya mai suna SyncML. Duk da haka kowane kamfani ya ci gaba da fitar da tasa manhaja: Nokia tana da PC Suite, Sony Ericsson ma tana da tata mai irin wannan suna, Samsung tana da PC Studio kafin ta kawo Kies, BlackBerry kuma tana da Desktop Manager. Manhajar takan zo a faifai cikin kwalin sabuwar waya. Da yake galibin wayoyin da suka iso karkara na hannu ne, ba kwali ba faifai, sai aka riƙa kwafar faifan ana sayarwa, ko a sauko da manhajar a shagunan intanet na Samaru da Sabon Gari, inda fayil guda kan cinye wa mutum awa biyu ko uku na kuɗin zama.

Abin lura a nan shi ne, waɗanda suka tsara wannan manhaja wani irin mutum suke hange: ma'aikacin ofis a Turai, mai waya ɗaya da kwamfuta ɗaya tasa ta kansa, wanda yake so jadawalin tarurrukansa da ke cikin Outlook ya bayyana a wayarsa. A Hunkuyi da Maƙarfi da Ikara kuwa al'amarin ya juya. Kwamfuta ɗaya ce, a shago ɗaya, tana yi wa ɗaruruwan wayoyi aiki, masu wayoyin kuma ba su da jadawalin taro sai ranar kasuwa, wadda kowa ya haddace. Yawancin rikicin da aka sha daga wannan saɓani ya taso.

Ga misali guda. A cikin PC Suite akwai maɓalli biyu da sabon shiga kan ɗauka abu ɗaya ne. Ɗaya na daidaitawa ne, ɗaya na ajiyar kwafi. Na ajiyar kwafi yana tattara duk abin da ke cikin waya ya ƙulle shi a fayil guda, shi ke nan. Na daidaitawa kuwa aikinsa shi ne ya sa waya da kwamfuta su zama daidai: abin da wannan take da shi waccan ba ta da shi, a ba ta. A kwamfutar mutum ɗaya wannan alheri ne. A kwamfutar shago kuwa, idan aka daidaita wayar mai rake da safe, aka daidaita ta mai tumatir da rana, sai mai tumatir ya koma gida da lambobin mai rake gaba ɗaya a wayarsa, har da na surukansa. In kuma aka yi kuskuren zaɓar a fifita abin da ke kwamfuta, alhali babu kome a cikinta, to, ana iya share wayar tas. Masu shagon da suka goge sun koyi kauce wa wannan maɓalli, su tsaya ga ajiyar kwafi, su buɗe wa kowane mai waya jakarsa da sunansa.

Su wane ne masu shagon? Samari ne galibi, wasu sun gama sakandare, wasu sun yi 'yar difloma a Zariya, wasu kuma sun koyi gyaran waya a wurin iyayen gidansu a PZ ta Sabon Garin Zariya ko a Farm Centre da titin Beirut a Kano, inda kaya kan iso daga kasuwar kwamfuta ta Ikeja. Jarinsu tsohuwar kwamfutar tebur mai Windows XP, da ƙaramin janareta, da tarin kebul a rataye kamar kilishi, da allon soket na cajin waya. Kwashe lambobi ƙaramin ɓangare ne na sana'ar. Babban cinikin shi ne lodi, watau zuba wa mutane karatun Alƙur'ani da wa'azi da waƙoƙi da finafinan Hausa a katin memori. Amma ranar da waya ta faɗa rijiya ko gilashinta ya mutu, wurinsu ake rugawa.

Kebul da direba

Hanya uku ce ake haɗa waya da kwamfuta. Ta farko infirared, wani haske da ido ba ya gani, wanda sai an jera na'urorin biyu fuska da fuska kamar masu gaisuwa, in wani ya gitta hannu ko tebur ya motsa aikin ya katse. Ta biyu bulutut, wanda ake saya wa kwamfuta ɗan abin tsirawa dominsa. Ta uku, wadda aka fi dogara da ita, ita ce kebul, kuma a nan ne gizo yake saƙa.

Kebul ɗin Nokia ba iri ɗaya ba ne. Wayoyi irin su 3310 da 1100 ba su da ramin kebul na bayanai a waje ko kaɗan. 'Yan ɗigogin tagulla ne a ƙarƙashin batir, waɗanda sai mai gyara da kayan aikinsa yake kaiwa gare su. Daga 2002 Nokia ta fito da wani faffaɗan baki a gindin waya mai suna Pop-Port. To, amma wayoyi biyu suna iya kasancewa da wannan baki iri ɗaya, kebul ɗinsu ya bambanta. Masu DKU-5 ko CA-42 daban, masu DKU-2 ko CA-53 irin su N70 da N73 daban. Na farkon suna da ɗan ƙwaƙwalwa a cikin kan kebul ɗin, wanda yake fassara tsakanin tsohon yaren waya da ramin USB na kwamfuta, na biyun kuwa waya ce zalla. A ido duk ɗaya ne, suna shiga daram, amma in ka sa wanda ba shi ba, sai ka kwana kana jira. Daga baya N95 da 6300 suka zo da ƙaramin ramin USB, sa'an nan wanda ya fi shi ƙanƙanta ya biyo baya.

Daɗin daɗawa, galibin kebul ɗin da ke kasuwa kwaikwayo ne. An rubuta CA-42 a leda, amma ƙwaƙwalwar da ke ciki ta wani kamfani ce, sau da yawa ta Prolific na ƙasar Taiwan, ko ma kwaikwayon ta Prolific ɗin. Direban Nokia na asali, watau 'yar manhajar da ke gabatar da na'ura ga kwamfuta, ba ya gane irin wannan kebul. Dole sai an yi aiki da ɗan ƙaramin faifan da ya zo a cikin ledar, wanda in ya ɓace ko ya karce, kebul ya zama igiyar ɗaure akuya. Ko an samu direban ma, sai an shiga cikin kwamfuta an duba wace lambar ƙofa ta ba kebul ɗin, COM3 ce ko COM7, a gaya wa manhaja. In aka zare shi aka mayar a wani rami, lambar ta sāke, a koma farko. Daga baya kamfanin Prolific ya fitar da sababbin direbobi da ke ƙin yin aiki da ƙwaƙwalwar jabu, sai kwamfuta ta nuna alamar rawaya da kuskure mai lamba 10. Maganin da masu gyara suka gano shi ne komawa ga tsohon direba, da hana Windows sabunta shi da kanta.

Akwai kuma ƙa'idar jeri, wadda rashin saninta ya ɓata wa mutane lokaci fiye da kowace matsala. Manhaja ake fara sakawa, da direban kebul, da wani ɓangare mai suna PC Connectivity Solution, sa'an nan a tsira waya. Wanda ya yi gaggawar tsira waya tun farko, Windows takan yi mata rajista a matsayin baƙuwar da ba a sani ba, ta kuma riƙe wannan ra'ayi, har sai an shiga an goge rajistar an sāke tayar da kwamfuta. In an tsira kuma, wayar takan yi tambaya a fuskarta: a matsayin PC Suite za ta shiga, ko a matsayin ma'ajiyar fayil? In aka zaɓi na biyu, katin memori kaɗai za a gani, lambobi da saƙonni ba za su fito ba. Yanzu mai karatu ya auna halin wanda gilashin wayarsa ya mutu, ana so ya amsa tambayar da ba ya gani. Gwanayen masu gyara sun haddace sau nawa ake danna ƙasa kafin a danna tsakiya.

Sauran masifun biyu su ne ƙwayar cuta da wuta. Kwamfutar da kati ɗari ke shiga cikinta a mako ba ta rabuwa da cuta, musamman irin wadda ke ɓoye jakunkunan mutum ta bar masa inuwarsu, ya ɗauka kome ya tafi alhali yana nan. Wayoyin Symbian su ma sun samu tasu: Cabir a 2004, mai yawo ta bulutut tana shanye batir, da Commwarrior a 2005, mai aika kanta ga lambobin da ke cikin waya tana cinye kuɗin kati. Ita kuwa wuta, in ta ɗauke ana tsakiyar kwafi, hasarar lokaci ce kawai. Amma in ta ɗauke ana tsakiyar fulashin, watau sāke zuba wa waya manhajarta da akwatuna irin su JAF da UFS, waya takan mutu ɗungurungum. Fulashin kuwa ko ya yi nasara yakan share abin da ke ciki, shi ya sa mai gyara na kirki yake tambaya tukuna ko an kwashe lambobi. Wanda ba na kirki ba sai ya miƙo maka waya tana ƙyalli, ba kowa a cikinta.

Wani abin da ya kamata a faɗa, ko da ba daɗi, shi ne batun amana. Duk wayar da aka kwafe, kwafin yana zama a kwamfutar shago bayan mai ita ya tafi. Hotunan iyali da saƙonnin sirri na mutane da yawa sun zauna a hannun yaran da ba su yi wa kowa alkawarin riƙe sirri ba. Da yawansu sun riƙe, wasu ba su riƙe ba.

Yadda kasuwar ta watse

Wannan zamani bai wuce shekara goma ba. Wayoyin China masu layi biyu da ƙarar lasifika suka cika kasuwa, Tecno da itel suka kafu, kuma yawancinsu ba su bukatar wata manhaja, suna iya juye lambobi kai tsaye a katin memori. Ɗalibai da ma'aikata suka koma BlackBerry saboda BBM. Sa'an nan Android ta zo da wata sabuwar hanya, inda lambobi ke tafiya asusun Google ta iska, ba kebul ba shago, fayil kuma ya riƙa tsallakawa daga waya zuwa waya ta Xender.

Ita kanta Nokia ta rikice. A 2009 ta kawo Ovi Suite don ta gaji PC Suite, a 2011 ta sāke mata suna zuwa Nokia Suite, kuma in aka saka tsohuwar da sabuwar a kwamfuta ɗaya sukan yi kishi a kan direba guda. A Fabrairun 2011 shugaban kamfanin, Stephen Elop, ya ba da sanarwar barin Symbian a koma manhajar Microsoft. Fitowar PC Suite ta ƙarshe, mai lamba 7.1.180.94, ta 2012 ce. A farkon 2014 aka rufe sa hannu a kan manhajojin Symbian, a Afrilun shekarar Microsoft ta kammala sayen sashen wayoyin Nokia, kuma a wannan watan ne ta daina kula da Windows XP. WhatsApp ta janye daga wayoyin Symbian a 2017. Windows 7 ta bi sahu a Janairun 2020, BlackBerry kuma ta kashe hidimar tsofaffin wayoyinta ranar 4 ga Janairu, 2022. Babu wanda ya zo ya ƙwace wa kowa waya. Mabuɗan ne aka riƙa janyewa ɗaya bayan ɗaya.

A nan ne ya kamata ɗalibin tarihi ya tsaya ya yi tunani. Takardun ajami da Shirin Binciken Tarihin Arewa na Jami'ar Ahmadu Bello ya fara tattarawa a shekarun 1960, da waɗanda ke Gidan Arewa da Farfesa Abdullahi Smith ya kafa a Kaduna a 1970, wasunsu sun haura shekara ɗari da hamsin, amma duk wanda ya iya karatu zai buɗe ya karanta da idonsa. Saƙon da ɗan kasuwar Hunkuyi ya aika wa dillalinsa a 2006 kuwa, sai an samu batir da caja da kebul da direba da manhaja da kwamfutar da za ta yarda da su duka. In ɗaya ya ɓace, sauran ba su da amfani. Ga masu nazarin harshe ma akwai abin dubawa, domin a waɗannan saƙonni ne dubban mutanen da ba su taɓa rubuta wasiƙa ba suka fara rubuta Hausa kullum. Saƙo guda harafi 160 yake ɗauka, babu ƙ babu ɗ babu ɓ a maɓallan, saboda haka aka riƙa guntule kalmomi ana cusa lambobi a madadin sauti. Wanda yake so ya san asalin irin rubutun da muke gani a wayoyin yau, tushensa yana can.

Buɗe tsohuwar waya a yau

Duk da haka ƙofar ba ta rufe gaba ɗaya ba, kuma wanda yake da irin wannan waya a gida yana da sauran dama. Abin farko shi ne a cire kumburarren batir, kada a yi gangancin caja shi. Batirin BL-5C, wanda 1100 da 6600 da N70 suke amfani da shi, yana samuwa a kasuwa saboda ƙananan rediyoyi da lasifikoki da yawa sun are shi. Kafin a kunna, a zare katin memori a karanta shi daban, a kuma lura cewa shi ma iri-iri ne: MMC a 6600, gajerensa a N70, miniSD a N73, microSD a N95 da 6300. Layin da kamfani ya rufe tuntuni yakan ci gaba da riƙe sunayen da aka ajiye a kansa, saboda haka kada a jefar da shi. In waya ta nemi lambar sirri, wadda Nokia take fitowa da ita daga masana'anta ita ce 12345. In wani ya ba da shawarar a danna *#7370# don waya ta warware, a ƙi, domin wannan lamba share waya take yi.

Hanya mafi sauƙi ga wayar da ke da kati ita ce a zaɓi dukkan sunaye a kwafe su zuwa katin, inda kowane suna zai zama ɗan fayil mai ƙarshen vcf, wanda wayoyin Android suke karantawa. Wadda ba ta da kati amma tana da bulutut, ana iya tura sunayen ta nan, ko da ɗaya-ɗaya ne. Saƙonni su ne masu wuya, su ne ke tilasta komawa ga PC Suite. Takan yarda ta zauna a sabuwar Windows in an ce ta yi aiki da yanayin tsohuwa, amma direban tsofaffin kebul ne ke tirjewa, saboda sababbin Windows ba su karɓar direban da ba shi da hatimi. Mafi alheri a nemo tsohuwar kwamfuta mai XP ko Windows 7, a raba ta da intanet, a keɓe ta don wannan aiki kaɗai. Wanda ya iya kuma ya gina XP ta cikin gida da VirtualBox ya miƙa mata ramin USB. Da yake shafin Nokia na asali ba ya raba manhajar kuma, duk kwafin da aka sauko da shi daga wani wuri sai an bincike shi, tsohon faifan asali in an samu ya fi aminci.

Waɗanda aka taɓa yi wa ajiyar kwafi a shago, abin da za su nema shi ne fayil mai ƙarshen nbu. PC Suite ba ta buɗe shi a karanta, sai dai ta mayar da shi cikin wata wayar Nokia, amma wata manhaja ta kyauta mai suna NbuExplorer tana fasa shi ta fito da sunaye da saƙonni da hotuna, kowanne da ranarsa, Gammu kuma tana iya magana da wayoyin kai tsaye. In an fitar da sunayen, a yi hattara da buɗe su a Excel, domin yana ɗaukar lambar waya a matsayin lissafi ya cinye sifirin farko, 0803 ta koma 803, sunayen da aka rubuta da haruffan Larabci kuma su koma alamomin tambaya in ba a zaɓi UTF-8 ba. Tsofaffin kwamfutocin shagunan lodi da yawa an riga an sayar wa 'yan gwangwan a kan kilo, amma akwai waɗanda ke jingine a lungun shago ƙura ta rufe su. Ma'ajiyar cikinsu ana iya kwance ta a haɗa da wata kwamfuta ta kebul ɗin USB, a nemi jaka mai sunan mutum, a kira shi ko magadansa kafin a buɗe.